Dalilin da ya sa ba a jin muryar mutane a tsoffin fina-finan dokumentari

Malam, ka tambayi abin da ya sa a gajerun fina-finan dokumentari na bayan Yaƙin Duniya na Biyu ba a cika jin mutanen ciki suna magana ba, sai muryar mai sharhi kaɗai. Babban dalilin shi ne kayan aiki. Na'urar ɗaukar sauti ta wancan zamani tana da nauyi ƙwarai, ga ƙarar kyamarar kanta, saboda haka hoto kawai ake ɗaukowa, daga baya a ɗora masa murya da kiɗa.

Dubi Jean Rouch, Bafaranshen da ya soma ɗaukar fim a gaɓar kogin Neja a ƙasar Nijar wajajen 1947. Kyamararsa ƙirar Bell & Howell ce mai amfani da fim mai faɗin milimita 16, wadda ake wanawa da hannu kamar agogo, kuma ba ta kai rabin minti take tsayawa. Yana cikin wanawa yake tunanin inda zai tsaya ya ɗauki hoto na gaba. A ganina wannan takura ce ta koya wa masu ɗaukar fim irinsa ba da labari da ido: hannun masunci riƙe da mashi, fuskarsa yana jira, sannan motsin dorina a ruwa.

A Arewacin Najeriya kuwa, a wancan zamani motar majigi kan zo da mai bayani wanda zai riƙe lasifika yana fassara hotunan da Hausa. Lamarin ɗaukar sauti ya sauya ne wajajen 1960, lokacin da rikoda mara nauyi ƙirar Nagra da ƙananan kyamarori marasa ƙara suka ba da damar ɗaukar hoto da magana tare.