Ku Tambaya Mu Amsa: Yini Guda Tsakanin Dausayin Lekki da Bakin Teku

Wasiƙun wannan makon sun taru a kan abu guda: gandun dajin Lekki da ke Legas, wanda ake kira Lekki Conservation Centre, da kuma zuwa bakin teku bayan an fito daga cikinsa. Masu jagorantar 'yan yawon buɗe ido a yankin ne suka amsa.

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni malamar Islamiyya ce a Agege. Muna so mu kai ɗalibai 30, 'yan shekara 9 zuwa 17, gandun Lekki da bakin teku a ranar Asabar guda. Da wanne za mu fara, kuma yaya za mu raba lokacin?

Amsa: Wa alaikumus salam, Malama. Daji da safe, teku bayan Azahar, kada ku juya wannan tsari. Birai da tsuntsaye da sanyin safiya suke fitowa. Rana na take tsaka sai su shige duhuwa. Layin gadar sama ma, wato gadar da aka rataye a saman itatuwan gandun, daga hantsi yake fara tsawo a ƙarshen mako. Sannan yaron da ya fara shiga ruwan gishiri, rairayi ya cika masa takalmi, ba zai ƙara yi miki tafiyar kilomita biyu a daji da daɗin rai ba.

Ku tashi daga Agege ƙarfe 6:30. Hanyar ita ce Oshodi, gadar Third Mainland, Ikoyi, sannan titin Lekki zuwa Epe. Gandun yana wajen kilomita na 19 a kan wannan titin, a unguwar da ake kira Chevron. Da sassafen Asabar awa ɗaya da rabi ta isa, amma wannan hanyar ce kan cinye awa uku idan aka makara ko ruwan sama ya cika titi. Ku ba daji awa uku, ku ci abinci a filin shaƙatawa da ke ciki, ku yi Azahar, ku isa bakin teku wajen ƙarfe 2:30. Ƙarfe 5 ta yi muku a cikin mota.

Kuɗin shiga daban, kuɗin hawa gadar sama daban, kuma farashi na canzawa. A tura mutum ko a kira ofishinsu mako guda kafin ranar, a faɗa musu yawanku, a nemi jagora. Direban bas kuwa a yi da shi cinikin yini cikakke, har da zaman jira da kuɗin ajiye mota, don a nan rigima ke tashi da yamma. Babban mutum ɗaya ga yara 5, ke nan ku shida. Kowane babba ya riƙe sunayen nasa biyar a takarda, a ƙirga su a ƙofar mota, a ƙofar daji, bayan gadar sama, da kafin barin teku. Ruwan sha lita 2 ga kowa, wato ruwan leda huɗu. Zafin Legas bai kai na Sakkwato a ma'auni ba, amma iskar a jiƙe take, gumi ba ya bushewa, yaro kan galabaita bai ce yana jin ƙishi ba. Nuwamba zuwa Fabrairu ne lokacin da ya fi dacewa da wannan ziyara. Yuni da Yuli ruwa ya fi yawa.

Tambaya: Ni mutumin Nguru ne, na zo Legas ziyarar ɗana. Na saba da dausayin Hadeja da Nguru. Wannan na Lekki irinsa ne?

Amsa: Alhaji, sunan ne ɗaya. Naku fili ne buɗaɗɗe da kogi ke malalewa a kansa da damina, ido na kai wa nesa, tsuntsayen ruwa dubbai. Na Lekki kurmi ne mai kwanciyar ruwa, hekta 78 kacal, gidaje sun zagaye shi ta ko'ina. Gidauniyar kare muhalli ta Najeriya, NCF, ce ta kafa shi a 1990, lokacin da yankin duk daji ne da fadama. Yau kusan shi kaɗai ya rage ya nuna yadda Lekki take kafin a cike ta da yashi a yi gini, kuma irin wannan ƙasar ce a da ke shanye ruwan saman da yanzu ke kwanciya a tituna.

Za ku bi gadar katako da aka shimfiɗa a kan ruwan. Ruwan baƙi ne kamar shayin da ya jiƙu, ba don datti ba, ruɓaɓɓen ganye ne ya rina shi. Tukurwa da kwakwar manja sun rufe sama. Birai za ku gani tabbas, da ɗawisu da kunkuru a harabar shiga. Kada da guza da gada suna nan, amma ganinsu sai an dace, kuma sai an yi shiru. Ayarin da ke tafe yana shewa ba ya ganin komai sai biri. A kula da katakon: inda inuwa ta yi yawa gansakuka kan kama shi, ya yi santsi bayan ruwa. A shafa maganin sauro a ƙafa da hannu tun a mota.

Biran nan sun san leda. Ƙarar buɗe biskit kaɗai ta isa ta sauko da su. A sa abinci cikin jaka mai zif, kada a ci a kan gada, kada a miƙa musu. Idan biri ya kama abin da ke hannun yaro, a sakar masa. Ja-in-ja ne ke kawo cizo. Idan an yi cizo ko yakushi, a wanke wurin da sabulu da ruwa mai gudu na minti 15, a wuce asibiti a ranar, ko da raunin ƙarami ne.

Tambaya: 'Yata na son hawa gadar saman nan, ni kuwa hotonta kawai ke sa gabana faɗuwa. Ba ta da haɗari?

Amsa: Hajiya, ki kwantar da hankalinki. An buɗe ta a 2015, tsawonta mita 401, inda ta fi tsayi mita 22.5 daga ƙasa. A rarrabe take, daga hasumiya zuwa hasumiya, a rataye da igiyoyin ƙarfe, da raga a gefe biyu. Faɗinta na mutum ɗaya ne. Tana lilo, haka aka yi ta, kuma lilon na ƙaruwa idan mutane suka matsu ko wani ya yi tsalle don wasa. Shi ya sa ma'aikata ke sakin mutane kaɗan-kaɗan. A bar tazara, a riƙe igiya da hannu biyu, a dubi gaba.

Abin da ya fi ba mu wahala ba gadar ba ce, sutura ce da tsoro. Silifas na zamewa, sai takalmi mai rufi. Doguwar abaya na shiga ƙarƙashin ƙafa a wurin hawa, dogon hijabi na maƙalewa a raga. A sa wando daga ciki, a ɗaure hijabin ya tsaya a ƙugu. Maza su bar babbar riga a mota, hula a aljihu. Waya idan ta faɗi ta tafi ke nan. Kuma hanyar ɗaya ce: wanda ya firgita a tsakiya ba shi da wurin juyawa, ga mutane a bayansa. Don haka kada a tilasta wa kowa, kada a yi wa yaro gori har ya hau. Akwai ƙa'idar shekaru, ƙananan yara ba sa hawa, a tambaya a wurin sayen tikiti; wani babba ya zauna da su a ƙasa.

Tambaya: Ni ɗan Yawuri ne, a kogin Kwara na girma, ina ƙetare shi da iyo. Abokaina sun ce kada in shiga tekun Legas. Ba raini ba ne wannan?

Amsa: Ba raini ba ne, ɗan'uwa, kuma gwanayen kogi irinka ne muka fi jin tsoro a kansu, don mai tsoron ruwa a idon sawu yake tsayawa. Kogi gefe guda yake gudu, ka san inda zai kai ka. Tekun Atlantika a gaɓar Lekki kuwa ba abin da ya tare shi, igiyar ruwa na tasowa daga nesa ta fashe a kan gaɓa mai gangara. Idan ta koma, tana kwashe rairayin da ke ƙarƙashin dugaduganka. Kana tsaye ruwa a gwiwa, sai ka ji ƙasa ta zame, ta biyu ta zo ta kayar da kai.

Babban haɗarin shi ne ruwa mai ja. Igiyoyi na tura ruwa ya tsallake tudun yashi da ke ƙarƙashi, ya taru a bakin gaɓa, sai ya nemi gurbi ya koma teku da ƙarfi ta wata siririyar hanya. Wurin yakan fi ko'ina kwanciya a ido: ruwan ya fi duhu, igiya ba ta fashewa a nan, kumfa da tarkace na tafiya waje. Baƙo kan ce ga wuri mai lafiya, alhali shi ne bakin ramin. Gudunsa kan kai mita 2 a daƙiƙa, ba mai iyon da zai ci gaba da yi masa gardama. Ba ya jan mutum ƙasa, waje yake kai shi; gajiya da firgici ne ke nutsarwa. Wanda ya faɗa ciki kada ya nufi gaɓa kai tsaye. Ya kwanta rigingine ya huta, ya ɗaga hannu, ko ya yi iyo a gefe, daidai da layin gaɓa, don faɗin hanyar sau da yawa bai wuce mita 25 ba. Idan ya fita daga cikinta, igiya ce za ta taimaka masa ya dawo.

Na kan tudu kada su bi shi da gudu. Sau da yawa mai ceto ne ke zama gawa ta biyu. A jefa masa abin da ke yawo a kan ruwa: jarka fanko mai murfi a rufe, ko kular abinci. A kira masu ceto na wurin, a buga 112 ko 767. Ga ayarin yara dokarmu guda ce: ruwa ba ya wuce idon sawu, babba na tsaye tsakaninsu da teku, ba mai juya wa igiya baya don ɗaukar hoto. Teku na cikowa sau biyu a yini, a ajiye tabarma sama da layin tarkacen da ruwa ya bari. Daga Yuni zuwa Satumba igiyar ta fi ƙarfi. Jar tuta kuwa ma'anarta kada a shiga, ko da kana ganin wasu a ciki.

Tambaya: An ce bakin tekun Tarkwa Bay ya fi kwanciya. Za a iya haɗa shi da gandun? Kuma yaya maganar salla a can?

Amsa: Gaskiya ne, Malam, ya fi kwanciya, don yana bakin mashigar tashar jiragen ruwa, katangun duwatsun da aka gina a farkon ƙarni na 20 suna karya masa igiya. Sai dai mota ba ta zuwa. Sai ka koma Victoria Island ko Marina ka hau jirgin ruwa, tafiyar wajen minti 20. Ga mutum huɗu ko biyar abu ne mai yiwuwa. Ga ɗalibai 30 a yini guda da daji, ba mu ba da shawara ba. Idan za a je, kowa ya sa rigar kariya a ɗaure ta tun kafin jirgi ya tashi, kada a yarda da lodi fiye da kujeru, a tsayar da lokacin dawowa da matuƙi da sauran rana, don an hana jigilar fasinja da dare.

Wuraren shaƙatawa na bakin teku da ke kusa da gandun, irin su Elegushi a Ikate, duk ana biyan kuɗin shiga. Aikin babbar hanyar bakin teku ta Legas zuwa Kalaba da aka fara a 2024 ya sauya hanyoyin shiga wasu, ya rushe wasu wuraren, don haka direba ya tabbatar da hanya kafin ranar. Da yammacin Asabar da Lahadi kiɗa da shaye-shaye kan yi yawa a irin waɗannan wurare. Mai iyali ya kama rumfa daga can gefe, ya tashi da wuri. Masu dawakin haya, da yawansu 'yan Arewa ne, a gama ciniki da su kafin yaro ya hau, a faɗi zagaye nawa.

Alwala da ruwan teku ta halatta, hadisi ya tabbatar da tsarkinsa. Amma a ɗebo shi a buta a koma tudu, kada a tsuguna a bakin igiya. Alƙibla daga Legas tana gabas maso arewa: idan ka fuskanci teku a gaɓar Lekki kudu kake kallo, sai ka juya hagu zuwa gabas, ka ɗan ƙara karkata hagu kaɗan.