Serevi na Fiji: gwanin fili ne, to a aikin koci fa?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ina bin wasan zari-ruga na 'yan bakwai-bakwai tun gasar Olamfik ta 2016, kuma kullum sai na ji masu sharhi suna kiran Waisale Serevi na Fiji sarkin wasan. Amma da na duba, ba ya cikin waɗanda suka ci zinare, kuma an ce an taɓa sallamarsa daga aikin koci. Me ya yi har ya samu wannan suna, kuma ya iya horarwa ko bai iya ba?

Amsa: Wa alaikumus salam. Maganar zinare ba ta da tsawo. Sai a 2016 aka fara buga wannan wasa a Olamfik, a lokacin kuwa Serevi, wanda aka haifa a Suva a 1968, yana da shekara 48, ya daɗe da rataye takalmi. A zamaninsa ana auna ɗan wasa ne da gasar Hong Kong da Kofin Duniya na 'yan bakwai.

Kafin ka gane ƙwarewarsa sai ka dubi filin. Girmansa ɗaya da na zari-rugar da aka saba, ta 'yan goma sha biyar a kowane ɓangare, tsawo mita 100, faɗi mita 70, amma mutum bakwai ne kawai a kowane ɓangare. Minti bakwai ake yi a juya, a ƙara bakwai. Ke nan kowane mai tsaro yana gadin kusan mita goma shi kaɗai, kuma idan aka wuce shi sau ɗaya, da wuya wani ya rufa masa asiri. Ga wata ƙa'ida da ke rikita sababbin masu kallo: ƙungiyar da ta ci maki ita ke buga ƙwallo sama don a ci gaba. Idan mai bugunta ya iya ɗaga ƙwallon ta wuce mita goma kaɗan, ta kuma daɗe a sama har ɗan'uwansa ya je ya cafe ta, abokan hamayya na iya yin minti biyu ko uku ba su taɓa ƙwallo ba. A wasan minti goma sha huɗu, wannan kusan kisa ne.

A nan Serevi ya yi fice. Gajere ne, bai kai mita 1.70 ba, a cikin ƙasar da ta yi suna da ƙarti. Ba shi ne ya fi kowa gudu ba. Abin da ya iya shi ne riƙe ƙwallo da hannu biyu a gaban ƙirji, ya rage gudu kamar mai jiran wani, har mai tsaro ya rasa ko miƙa ƙwallon zai yi ko kutsawa. Da mai tsaron ya dasa ƙafa, sai ya yi wannan takun nasa na ɗaga gwiwa da canja gudu a tsakiyar tafiya, ko kuma ya saki ƙwallon ga dogon da ke tahowa ta bayansa. Yakan ja da baya ma, ya koma wajen layinsu da ƙwallo, don ya ja masu tsaro su watse. Mai kallon da ya saba da ƙwallon ƙafa zai ce ɓata lokaci ne, alhali ramin da za a bi ake haƙawa. Ƙari a kan haka shi ne mai bugun ƙarin maki biyu bayan an dangwala ƙwallo a bayan layi, kuma a wannan wasa sai ka saki ƙwallon ta taɓa ƙasa sannan ka buga, babu ɗora ta a kan komai.

Ya fara zuwa Hong Kong a 1989, Fiji kuma ta lashe gasar sau uku a jere, 1990 zuwa 1992. A Kofin Duniya na 1997, nan Hong Kong ɗin, yana kyaftin, Afirka ta Kudu ta fara yi musu 14 da nema a wasan ƙarshe, suka farfaɗo suka ci 24 da 21. A Kofin Duniya na 2005 ya dawo yana ɗan shekara 36, ya ci Ingila da kansa a ƙarin lokaci a wasan kusa da na ƙarshe, sannan suka doke New Zealand 29 da 19. Ya kuma samu azurfa biyu a wasannin Commonwealth, 1998 da 2002, da tagulla a 2006. A wasan 'yan goma sha biyar ya je Kofin Duniya sau uku, 1991 da 1999 da 2003, ya buga wa ƙungiyoyi a Japan da Ingila da Faransa, amma can bai yi tasiri irin wannan ba: fili ya cika da mutane, ƙaramin jiki kuma sai ya zama abin hari.

Batun koci shi ne mai ɗan sarƙaƙiya. Bayan nasarar 2005 aka naɗa shi koci kuma yana buga wasa. A kakar 2005 zuwa 2006 Fiji ta lashe jerin gasannin duniya, karo na farko da wata ƙasa ta ƙwace kofin daga hannun New Zealand tun da aka fara shi a 1999. Wanda ya yi wannan ba za a ce bai iya ba. Sai dai ka lura, yana cikin fili a lokacin. Abin da zai faɗa da baki, yana yin sa da ƙafa, yara suna bi. Ya ajiye aikin a 2007, aka sake kiransa a 2008, aka kuma sallame shi a farkon 2009 da sakamako ya ƙi kyau, ga saɓani tsakaninsa da hukumar wasan ta ƙasar. Daga nan ya horar da Papua New Guinea na ɗan lokaci, ya koma Seattle a Amurka ya shiga koyar da matasa, daga baya ya karɓi ƙungiyar Rasha a 2018.

A ganina, matsalar ita ce abin da ya sa ya zama Serevi ba ya koyuwa a allo. Ganin rami kafin ya buɗe baiwa ce da ake gogewa tun ana yara a filayen ƙauye. Aikin koci a wannan wasa kuwa yawanci abubuwa ne marasa armashi: juriyar buga wasa biyar ko shida cikin kwana biyu ko uku, abin da 'yan wasa za su ci tsakanin wasa da wasa, tsarin karɓar bugun farawa, lokacin da za a sako 'yan canji biyar, da hana katin gargaɗi. Katin nan minti biyu ne kawai a wajen fili, amma shida su tare bakwai na minti biyu, sau da yawa maki bakwai ne ya tafi, wani lokaci goma sha huɗu. Fiji ta daɗe tana faɗuwa ta wannan ƙofa, musamman ta kamun da ya haura kafaɗa. Ben Ryan, Baturen Ingila da ya karɓe su a 2013, bai koya musu miƙa ƙwallo ba, sun riga sun fi shi sani. Juriya da ladabi ya gyara, aka ci Birtaniya 43 da 7 a wasan ƙarshe na Olamfik ta 2016 a Rio, lambar Olamfik ta farko a tarihin ƙasar.

Kada kuma ka ɗauka tsohon ɗan wasan Fiji ba zai iya koci ba. Osea Kolinisau, kyaftin ɗin Rio, an ba shi ƙungiyar watanni kaɗan kafin Olamfik ta Paris a 2024, ya kai su wasan ƙarshe, Faransa ta ci su 28 da 7 suka dawo da azurfa. Shi ya yi shekara uku yana ganin tsarin Ryan daga ciki kafin ya zama koci. Serevi bai samu irin wannan makaranta ba, daga fili aka miƙa masa aikin kai tsaye. A 2013 hukumar zari-ruga ta duniya ta sa shi cikin jerin gwarzayenta, ɗan Fiji na farko da ya shiga.