Tambaya da Amsa: Ƙwanji Ya Tsaya, Gwiwar Hannu Na Ciwo

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ni tela ne a Aboabo da ke Kumasi. Wata takwas ke nan kullum bayan sallar asuba nake kifa ciki ina ɗaga jikina da hannuwa sau 100, amma ƙwanjina ya daina ƙaruwa, ga ciwo a gwiwar hannu. Ba ni da kuɗin shiga gidan motsa jiki. Ko in sayi garin gina jiki da ake talla?

Amsa: Wa alaikumus salam, ƙanena. Ka adana sidinka tukuna, domin ba gari ne ya yi maka ƙaranci ba. Tsoka tana girma ne idan aka ɗora mata abin da ya fi ƙarfin sabonta, taka kuwa ta daɗe da sabawa da ɗarin nan. Ka ɗora ƙafafu a kan benci, ko ka sauka a hankali cikin daƙiƙa huɗu, yadda da ƙyar za ka kai sau 12 a zubi ɗaya, sannan ka yi zubi uku ko huɗu.

Abin da ya fi damuna shi ne turawa kawai kake yi, ba ka ja, alhali kuwa mai yini a duƙe kan keken ɗinki bayansa ne ya fi bukatar aiki. Ka nemi ƙarfe mai ƙwari wanda aka kafa da kyau, ka rataya, ka ja jikinka har haɓa ta wuce shi. Idan ko ɗaya ya gagara, ka taka kujera ka fara daga sama, kana sauka sannu a hankali. Kada ka bar ƙafafu a baya, ka haɗa da tsugunno da tashi.

Ciwon gwiwar hannu kuwa yawanci jijiyar da ke haɗa tsoka da ƙashi ce ke kuka, domin ta fi tsoka jinkirin murmurewa. Ka huta mako guda, sannan ka koma kwana uku a mako, da hutun kwana ɗaya a tsakani. Hukumar Lafiya ta Duniya ma kwana biyu ko fiye a mako ta ambata don ƙarfafa tsoka. Idan wurin ya kumbura, ko ciwon ya wuce mako biyu, ka ga likita.

Batun abinci, shinkafa da waken nan da Ghana ke kira waakye, da ƙwai, da kifi, da ƙosan safe, sun ishe ka, muddin kana samun barcin awa bakwai.