Abin da ya fito a gindin mangwaronmu, shi ne Ganoderma ɗin ƴan Sin?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Tun farkon damina wani naman kaza mai tauri ya fito a gindin mangwaron gidanmu a Zariya, ja ne yana sheƙi, ƙasansa fari. Maƙwabcinmu ya ce Ganoderma ce irin wadda ake sakawa a kofi ana sayarwa da tsada, wai mu shanya mu daka a riƙa dama wa Hajiya tunda tana da ciwon suga. Yanzu haka ta fara sha har ta ajiye ƙwayoyinta na asibiti, ni dai hankalina bai kwanta ba.

Amsa: Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa kafin komai a daina ba Hajiya garin nan yau ba gobe ba, ta koma kan maganinta, a kai ta asibiti a gwada sugan, kuma a faɗa wa likita abin da ta sha kar a ɓoye.

Yadda ka kwatanta shi zai iya zama Ganoderma, ban musa ba. Amma wacce daga ciki? Dangi ne babba mai ɗaruruwan sunaye a rubuce, wani masani ɗan Finland, Karsten, shi ya ware su a 1881. Akwai masu sheƙi irin naka, akwai marasa sheƙi irin applanatum masu faɗi da launin ƙasa, kuma mafi yawansu a ƙasashe masu zafi da ruwa suke, Afirka, kudancin Asiya, kudancin Amurka. Ita lucidum da kowa ke haddace sunanta a Ingila aka fara bayyana ta a 1781, ƴar Turai ce, amma shekara da shekaru duk wanda ya tsinci mai sheƙi a ko'ina sai ya maƙala mata wannan sunan. Da gwajin DNA, wato na ƙwayar halitta, ya zo sai asiri ya tonu, hatta wadda ƴan Sin ke nomawa ba ita ba ce, a 2012 aka ba ta sunan Ganoderma lingzhi kuma har yanzu masana na jayayya a kai. A nan Afirka ma sababbi ake ta ganowa, wadda ke kashe bishiyoyin jakaranda a Pretoria ta Afirka ta Kudu an ba ta suna a 2015, mbrekobenum kuma daga Ghana a 2016.

To ka ga abin da ke ba ni haushi kenan. Masana da madubin ƙara girma da na'urar DNA sun yi fiye da shekara 100 suna rikita su, saboda kalarta da siffarta na canzawa da irin itacen da ta hau da laima da hasken da ta samu, amma maƙwabcinka daga kallo ɗaya ya gane, har ya rubuta wa tsohuwa magani. Kullum sai na gamu da wannan, wani ya turo hoto a WhatsApp wai Malam ga maganin kansa, wato ciwon daji, na tsinta a kututture, wani kuma ya sa lasifika a mota yana jero cututtuka, suga, hawan jini, hanta, ƙoda, rashin haihuwa, duk gari ɗaya. In ka tambaye shi wane nau'i ne sai ya ce ai da ɗaci, kamar ɗaci shi ne shaida. Sinadaran da ke kawo ɗacin ma sun bambanta daga nau'i zuwa nau'i, kuma wanda aka shanya a tsakar gida cikin damina sau da yawa ya riga ya yi fumfuna.

Mu ɗauka ma ta ainihin ce aka kawo daga Sin. Masu bitar bincike na Cochrane, ƙungiyar da ke tace binciken likitanci, sun duba ta a 2015 kan masu ciwon suga, ba su ga ta sauke suga ko hawan jini ko kitsen jini ba, a 2016 kuma suka ce babu hujjar a mayar da ita maganin farko na ciwon daji. An kuma samu rahotannin mutanen da hantarsu ta taɓu bayan shan garinta, kuma mai shan maganin tsinka jini ya yi hattara da ita. Don haka in idon Hajiya ya yi rawaya ko fitsarinta ya yi duhu ko tana amai, kar a jira safiya.

Sannan shi kansa mangwaron ba lafiya gare shi ba. Abin da ka gani a waje ƴaƴa ne kawai, uwar tana ciki tana cin saiwa da gindin har itacen ya yi fari ya yi laushi, irin ɓarnar da wata Ganoderma mai suna boninense ke yi wa gonakin kwakwar manja a Malesiya da Indonesiya. Ɓalle shi ba ya kashe ta, zai sake fitowa. Ka ƙwanƙwasa gindin ka ji ko akwai rami, a hana yara wasa a ƙarƙashinsa in hadari ya taso, kuma ka nemi ma'aikacin gandun daji ya duba ko sarewa za a yi kafin iska ta kayar da shi kan ɗaki.