Ku Tambayi Malam: Sunan Ka-ming

Tambaya: Malam, ina sarin atamfa daga Guwanzu ta ƙasar Sin, ina sayarwa a kasuwar Kejetia. Mai aiko mini da kaya sunansa Chan Ka-ming, amma a wata rasit na ga Chen Jiaming. Mutum biyu ne? Daga wata Hajiya, Aboabo, Kumasi.

Amsa: Hajiya, kwantar da hankalinki, mutum ɗaya ne. Rubutun Sinancin bai canza ba, lafazi ne ya bambanta. Chan Ka-ming Kantonanci ne, harshen Guwanzu da Hong Kong da Makau. Ɗayan kuwa Mandarin ne, harshen hukuma na ƙasar Sin.

Chan sunan zuriya ne, shi suke sawa gaba. Gaɓar Ka tana nufin gida ko iyali, Ming kuma haske. Wato fatan iyayensa ya haskaka gidansu, kusan yadda muke raɗa wa yaro Nura. A gidajen da suka riƙe al'ada, 'yan'uwa maza tsara ɗaya kan haɗu a gaɓa guda, sai ki ji Ka-ming da ƙaninsa Ka-ho. Wannan salon rubutawa da boko ya yaɗu ne a Hong Kong, wadda Ingila ta mulka har 1997.

Ni dai shawarata, a waya ki ce masa Mista Chan. Kiran babba da sunan yanka, can ma ba ladabi ba ne.