Amsar tambayarka kan harbin ranar 'yan mazan jiya da bindigar nan mai faifai

Wa'alaikumus salam ɗana, ya karatu ya mutanen gidan. Naga saƙonka, sai yanzu na samu zama, kuma kayi haƙuri amsar zata ɗan yi tsawo. Kace ka kalli bikin 'yan mazan jiya na 15 ga Janairu a talabijin, kaga ana ajiye furanni ana yin tsit ana harbi sama, shine kake tambayar Baffanka wai wannan al'adarmu ce ko ta aro ce, kuma ko ɗaya take da harbin 'yan bindiga a hawan sallah. Sannan ka haɗo da hoton wani soja na zamanin Turawa rungume da bindiga mai ƙaton bututu da wani abu kamar faifai a kanta kace mene ne wannan. Toh tambayoyin naka biyu uwarsu ɗaya, kai ne dai baka sani ba.

Harbin sallah daban yake, wannan namu ne tun kafin Bature ya zo. 'Yan bindigar fada adaka suke riƙewa, a ɗura albarushi ta baki a danna a harba, ƙara ce da hayaƙi don gari ya san sarki ya fito, murna ce da nuna ƙasaita. Na 15 ga Janairu kuwa makoki ne irin na soja, kuma tushensa Turai, daga cikin ramukan Yaƙin Duniya na Ɗaya ya fito, wanda aka yi daga 1914 zuwa 1918.

Kafin ka gane me ya tura manyan ƙasashe cikin rami sai ka san bindiga mai ruwa. Wani Ba'amurke mazaunin Ingila, Hiram Maxim, shi ya ƙero ta a 1884, ita take ɗura kanta tana harbi muddin hannunka na kan kunama, kuma saboda bakinta na ɗaukar zafi sai aka kewaye shi da tankin ruwa. Kakanninmu ai sun riga Turawan ɗanɗana ta. Da irinta sojojin Lugga suka zo Kano a Fabrairun 1903, suka wuce Sakkwato a Maris, sannan Burmi a Yuli inda Sarkin Musulmi Attahiru ya yi shahada. Jarumta ba a rasa ta ba ranar, amma doki da lifidi da mashi ba su isa wurin mai bindigar ba balle a gwada ƙwanji. Shekara 11 bayan nan sai Turawan suka juya ta kan junansu, kuma abinda ya samu barade a Burmi shi ya samu 'ya'yansu. Duk wanda ya miƙe tsaye a fili ya faɗi. Shine kowa ya ɗauki shebur, Jamus ta haƙa nata, Ingila da Faransa suka haƙa nasu, ramuka suna fuskantar juna tun daga bakin teku a Beljiyam har iyakar Suwizalan, wajen kilomita 700, tsakani an shimfiɗa waya mai ƙaya, ga taɓo ga sanyi ga ɓeraye ga ƙwarƙwata, mutum yayi watanni a ciki in ya ɗaga kai ya leƙa ma sai an auna shi. Ranar farko ta gumurzun Somme a Faransa kaɗai, 1 ga Yulin 1916, Ingila ta yi asarar sama da mutum 57,000 tsakanin matattu da masu rauni, waɗanda suka mutu sun haura 19,000. Rana ɗaya fa.

Matsalar mai ruwa nauyi. Vickers da Ingilishi ke amfani da ita, in ka haɗa bindigar da ruwanta da ƙafafunta uku ta haura kilo 40, banda akwatunan harsashi da galan ɗin ruwa, sai wajen mutum shida ke hidimarta. In tsare rami zaka yi babu kamarta, amma in kai ne mai kai hari toh a baya zaka barta, kuma ko Allah ya baka sa'a ka ƙwace ramin abokin gaba, kafin a jajibo maka ita cikin taɓon nan sun dawo sun kore ka. Abinda ake nema bindiga mai aman wuta wadda mutum ɗaya zai saɓa ya ruga da ita. Wannan ta hoton naka kenan, sunanta Lewis.

Kanar Isaac Newton Lewis hafsan sojan Amurka ne, ya kammala ta a 1911 bisa aikin da wani Samuel Maclean ya fara. A Yunin 1912 har an hau jirgin sama da ita an harba, karon farko kenan da aka harba mashin gan daga jirgi. Duk da haka sojan ƙasarsa suka ƙi karɓa, don ba sa ga maciji shi da Janar William Crozier mai kula da makamai, kasan halin manya, in ba a son ka ko zinariya ka kawo sai ance tagulla ce. Sai yayi fushi ya tattara ya tafi Beljiyam a 1913 ya kafa kamfani a garin Liyej, ya kuma haɗa kai da kamfanin BSA na Birmingham, waɗannan dai masu kekuna da babura, su suka riƙa ƙera ta da yawa. Beljiyam ce ta fara ɗauka, da ita suka tari Jamusawa a 1914, ance har Jamusawan suka laƙaba mata macijin Beljiyam saboda ƙararta. Ingila ta amince da ita a hukumance a Oktoban 1915, a daidai lokacin da ta janye Vickers daga bataliyoyi ta haɗa su a runduna ta musamman, ta cike gurbin da Lewis.

Nauyinta wajen kilo 13. Wancan ƙaton bututun da ka gani ba shine bakin bindigar ba, riga ce kawai, ainihin bakin siriri ne yana ciki an kewaye shi da fikafikan alminiyam, in an harba sai hucin da ke fita ya jawo iska ta baya ta bi ta cikin rigar ta sanyaya shi, kaga an huta da ɗaukar ruwa. Kuma iskar harbin ce dai ake tsakura ta wata 'yar ƙofa a ƙasan bakin ta tura ƙarfe baya, ya tofar da kwanso, ya juya faifan, sifirin ya dawo da shi ya cusa sabon harsashi. Faifan nan harsashi 47 yake ci, na jirgin sama 97. Tana iya zubar da 500 zuwa 600 a minti ɗaya, in kayi lissafi zaka ga in mutum ya danne kunama bai saki ba cikin daƙiƙa biyar ko shida faifai ya ƙare, shi yasa ake horar da su da harbi gutsi-gutsi.

Kar ka ɗauka kuma bata da aibi. Ƙasan faifan a buɗe yake, taɓo na shiga, ƙarfensa kuma marar kauri ne da ya ɗan lotsa sai ya ƙi juyawa, ga shi da hannu ake jera harsashin ɗaya bayan ɗaya, hanyoyin cijewarta suna da yawa har sai da aka mayar da su darasi ana haddacewa, mai harbi ya iya gyara ta a cikin duhu. Sannan maganar wai mutum ɗaya ke ɗaukarta rabin gaskiya ce, shi ɗaya ke harbi, na biyu yana gefe yana canza faifai, sauran 'yan sashen duk dakon faifai suke a jakunkuna. Kuma mai riƙe da ita shi ake fara nema a kashe. Amma duk da haka ta fi takwarorinta. Ta Faransa mai suna Chauchat gidan harsashinta a huje yake ta gefe, 20 kawai yake ci, ta yi ƙaurin suna wajen cijewa. Jamusawa kuma da suka rage wa tasu mai ruwa nauyi bata sauko ƙasa da kilo 18 ba, shi yasa in suka ƙwaci Lewis basa yarwa, gyara ta suke ta ci harsashinsu su juyo da ita. Ni a ganina wannan ya fi duk wani yabo da masu ita za su yi mata. Zuwa 1917 kowace filatun ta sojan Ingila na da sashen Lewis, ita ke danne kan abokan gaba da wuta yayin da masu gurneti ke zagayawa ta gefe, da irin wannan dabara da tankoki da igwa aka samu aka fito daga ramukan a 1918.

Yanzu ina namu a ciki, don nasan nan kake jira. Akwai masu cewa kakanninmu sun yi yaƙi a ramukan Faransa, toh a gyara, Ingila bata kai sojan Najeriya can ba, Faransa ce ta kwashi 'yan Afirka ta Yamma na ƙasashen da take mulka ta kai su, suka sha sanyi da wuta. Namu na rundunar WAFF, wato sojan Ingila na Afirka ta Yamma, wadda da Hausa ake ba da umarni a cikinta, Kamaru aka fara tura su don lokacin a hannun Jamus take. A ƙarshen Agustan 1914 waɗanda suka tashi daga Yola suka afka wa Garwa, suka tarar Jamusawa sun haƙa ramuka sun girke masu ruwa, aka yi musu ɓarna har kwamandansu ya mutu, sai a Yunin 1915 garin ya faɗi. Dutsen Mora kuwa bai miƙa wuya ba sai Fabrairun 1916. Daga nan a ƙarshen 1916 aka loda birget guda a jirgin ruwa zuwa Darussalam, su bi sawun kwamandan Jamusawa Janar Lettow-Vorbeck a dazukan Tanganyika (Tanzaniya ta yanzu), can ne Lewis ta shiga hannun sojojinmu da na Gwalkwas (Ghana ta yanzu), kuma ta dace da wurin don a daji babu hanyar mota, komai a ka ake ɗauka. A Mahiwa cikin Oktoban 1917 'yan Najeriya sun sha wuya ƙwarai. Sannan akwai waɗanda ba a cika ambata ba, 'yan dako, dubbai da aka tara ta hannun sarakuna da hakimai, wasu ba da son ransu ba, su ke ɗauke da harsashi da abinci, kuma zazzaɓi da atini da yunwa sun kashe su fiye da yadda bindiga ta kashe.

Toh daga wannan kisan ne al'adar da ka gani ta fito. An tsagaita wuta ƙarfe 11 na safiyar 11 ga Nuwamban 1918. Mutanen da suka mutu sun yi yawan da ba a iya mayar da gawarsu gida, da yawa ma igwa ta daddatsa su ba a san waye wane ba, uwa bata da kabarin da zata je. Shine a 1919 Sarki Joji na Biyar ya nemi a riƙa yin tsit na minti biyu a wannan sa'ar, a 1920 kuma aka ɗauko gawar wani soja da ba a san sunansa ba aka binne a Landan a madadin duk waɗanda suka ɓata. Jan furen da suke maƙalawa a ƙirji shi ne wanda ya riƙa tsirowa a filayen da aka yi yaƙin. Harbi sama da busa bigila kuma dama tsohuwar al'adar jana'izar soja ce a wurinsu. Mu ma a 11 ga Nuwamba muke yi a da kamar sauran ƙasashen rainon Ingila, daga baya aka mayar da ita 15 ga Janairu, ranar da yaƙin basasa ya ƙare a 1970.

Saboda haka fure da tsit da bigila aro ne, ba sai an ɓoye ba. Mu in an yi mutuwa wanka ne da sallah da binnewa, a zauna gaisuwa, a yi addu'a a yi sadaka, ba a san mu da kai wa mamaci fure ba, kuma zaka ji malamai da dama basa so, shi yasa ma ake haɗawa da addu'a ta musamman a masallacin Juma'a kafin ranar, Kirista kuma su yi tasu a coci. Amma matattun da ake tunawa ba na aro bane, akwai 'yan Kano da Katsina da Barno da Bauci kwance a Garwa da Tanganyika da Bama, wato ƙasar Burma, ba wanda ya san kabarinsu. Ni abinda nake yi, in na tarar ana yi na miƙe tsaye kamar kowa bana raina wa mutane abinsu, cikin shirun nan nayi wa musulmin cikinsu addu'a, in an kawo 'yar alamar nan ta maƙalawa na saya don ance kuɗin na iyalan mamatan ne da tsofaffin soja. Abinda ke ci min rai bai wuce a saki farar tattabara a Abuja ba alhali tsohon soja na layin fansho a rana, in kana da maƙwabci irinsu ko matar da soja ya mutu ya bari, kai musu ko kwanon hatsi ne ranar.

Hoton naka kuma ka ƙara dubawa da kyau. Lewis ta daɗe, har Yaƙin Hitila an yi amfani da ita a jiragen ruwa da wajen harbin jiragen sama, amma wadda sojojinmu suka fi riƙewa a Bama ita ce Bren, ita gidan harsashinta a lanƙwashe yake yana tsaye a sama kuma bakinta siriri ne ba riga. Taka mai faifai a kwance ce da ƙaton bututu, Lewis ce ba tantama. In akwai rubutu a bayan hoton ka ɗauko min shi ma ka turo. Ka gaida babanka, kace masa ina nan tafe bayan sallah in Allah ya kaimu.