Daga Masana'anta Zuwa Majalisa: Wane Ne Joseph Chamberlain?

Tambaya: Malam, don Allah wace sana'a Joseph Chamberlain ya yi kafin ya shiga siyasar Ingila?

Amsa: An haife shi a Landan a 1836, kuma yana ɗan shekara 18 ya koma Birmingham, inda ya yi arziki a masana'antar ƙera sukuru. Ya zama magajin garin a 1873, ya mayar da samar da ruwa da iskar gas ƙarƙashin hukumar birnin, wanda a ganina shi ne aikinsa mafi amfani ga talakawa. An zaɓe shi ɗan majalisa a 1876, daga baya ya riƙe ma'aikatar kula da ƙasashen mulkin mallaka daga 1895 zuwa 1903. Ya rasu a 1914, kuma ɗansa Neville ya zama firaminista a 1937.